Bikin Auta ya faɗa bakin duniya

Lahadi, bayan isha'i.

Ko shayi ban kurɓa ba yau wayata ta fara ruri. Na zaci masu Allah-ya-sanya-alheri ne da ba su samu zuwa ba, ashe ƙawata ce ta turo min saƙo: "Ke, kun yi suna fa." Mai hoton da muka ɗauko ya yanki wani guntu daga dinar Auta ta ranar Juma'a, bai kai minti biyu ba, ya ɗora a TikTok yana tallan sana'arsa. Daga can wani shafi na Facebook ya kwashe, ya rubuta a sama wai ga yadda ake tattaka kuɗi a Kano alhali talaka na kwana da yunwa.

Na zauna bakin gado ina karanta sharhi har ruwan wankana ya huce. Wani ya ce 'ya'yan ɓarayin gwamnati ne. Mu! Babanmu da ya yi shekara 35 yana cin ƙurar alli a firamare. Wata ta rantse auren ba zai kai wata uku ba, kamar ita ke riƙe da igiyar. Wani ya jawo ayar da ta ce almubazzarai 'yan'uwan shaiɗanu ne, wannan kam na yi shiru, ba a jayayya da aya. Sai masu kiran EFCC su zo su kwashe mu.

Wannan na ƙarshen shi ya tayar wa Umma hankali da na je gida da hantsi. Ta ji a rediyo cewa dokar Babban Banki ta 2007 ta hana liƙi da taka naira, hukuncin ɗaurin wata shida ne ko tarar naira 50,000, kuma a 2024 an ɗaure wasu a kan haka. Ta kama hannuna ta ce, "Yanzu da tsufana za a sa ni a mota?" Na ce Umma ke ko cikin bidiyon ba kya ciki, kina can baya kina faɗa da masu rabon abinci.

Abin da ya ba ni dariya, duk abin da ya tsone wa mutane ido a bidiyon ba namu ba ne. Rigar amarya haya ce, jiya kafin la'asar na mayar don kada a ƙirga mana kwana biyu. Sarƙar gwal ta Gwaggo ce, ita ma ba ta bar wurin ba sai da ta cire abarta da hannunta. Kuɗin liƙi kuwa 'yan ɗari bibbiyu ne sababbi da abokan ango suka canzo, mai canji ya zare ladansa tun a bakin ƙofa. Kai, in faɗi gaskiya tunda kundina ne: sau biyu ƙawaye suka koma cikin ledar da yara ke tsince kuɗin suka ɗebo suka sake liƙawa. Da na ƙirga da daddare, ko kuɗin mai kiɗa da mai kwalliya bai cika ba.

Inda kuɗi ya tafi da gaske babu wanda ya ɗauka a waya. Adashin Umma na shekara uku ya narke a gado da kujeru da labule da kayan kicin. Tumakinta biyu suka bi bayan gara: buhun shinkafa da jarkar mai da katan-katan na taliya daga Singa, ga alkaki da nakiya da dubulan da aka kwana uku ana suya. Tun da aka cire tallafin mai a Mayun 2023 kowa ya san abin da kasuwa ta zama, amma ban ga gidan da ya rage tsawon lissafin gara ba. Wa ya ɗora mana? Ba baƙi ba ne.

Ranar da aka kawo lefe, akwati shida, wata 'yar'uwarmu da ba zan faɗi matsayinta ba ta zauna tana ɗaga atamfa ɗaya bayan ɗaya tana leƙa bakin zane, ta ga wanne ne sufa wanne ne na talaka. Ta taɓe baki ta ce leshi huɗu kacal? Ranar jere ita ce ta ja ni gefe wai labulen falo ya yi shara-shara, dangin miji za su raina mu. To yau da na buɗe WhatsApp, ita ce ta farko da ta ɗora bidiyon a shafinta, ta rubuta "Allah ya shirye mu." Na daɗe ina kallon rubutun nan. Zagin baƙi dubu bai yi min ciwon wannan ba.

Baba kuwa yana bayan masu sharhi. Bayan azahar yana kan tabarma ya ce, "Gaskiya suka faɗa, bakinsu ne dai babu linzami." Ya tuna mana mafi ƙarancin sadaki rubu'in dinari ne, kuma Annabi (SAW) ya ce wa Abdurrahman bin Auf ya yi walima ko da akuya ɗaya. Ya kawo auren gata da gwamnatin Kano ta yi a Oktoban 2023, ma'aurata 1,800 a rana guda, ya ce su ba a ɗaura musu ba ne? Umma ba ta ɗago daga tsintar wake ba ta ce, "Malam, kai gorin ba ya zuwa zaure. Ni za a nuna da baki a gidan suna." Bai amsa ba. Ni ma ban san bayan wa zan bi ba.

Sai dai dinar nan ba laifin Umma ba ne, ba na ango ba. Ni na dage. Lokacin bikina kamu da walima kawai aka yi, kuma facalata ta shekara tana tsokanata da shi cikin raha mai ƙaya. Na ci alwashin ba za a yi wa Auta haka ba. Kuɗin zauren taron nan da ya biya mata hayar wata nawa, ban ma so in lissafa.

Da yamma na leƙa ta a ɗakinta. Lallen hannunta ko dusashewa bai yi ba, idonta ya kumbura. Ta karanta duka, har wanda ya ce fuskarta fenti ce. Angon ya karɓe wayar ya kulle a durowa, na ji ya ƙara burge ni. Na kira mai hoton, ya ba da haƙuri ya sauke nasa, har yana gaya min wai bidiyon ya kawo masa aiki uku. Na Facebook yana nan, ana ta yaɗawa.

Gobe da safe sai Kwari, akwai cikon kuɗin anko da ban biya ba, mai kujeru ma ya kira sau biyu. Ina shirin kashe waya saƙo ya shigo daga wata da ban sani ba. Na duba sunan, ita ce mai cewa auren ba zai kai wata uku ba. Wai don Allah 'yar'uwa, a ina aka ɗinka rigar amarya, bikin ƙanwarta saura sati shida.