Sunan Baba na sa wa ɗana, saura kwana uku suna na san me yake nufi

Tun cikin yana wata biyar na riga na yanke a raina cewa in dai namiji ne sunan Baba zai ci, ko shawara ban nema ba, ranar da maiɗakina ta dawo daga awo ta ce an yi sikanin an ce namiji ne ban iya ce mata komai ba, tashi na yi na ɗauro alwala. Baba ya rasu a 2019, ni ne ɗan fari, kuma duk ƙannena da suka riga ni samun ɗa namiji babu wanda ya sa sunan, wai sun bar min.

An haife shi ranar Laraba da hantsi, da a zamanin kakanninmu ne ma da tuni an fara ce masa Bala ko Balarabe kafin ranar suna ta zo. Na karɓe shi na yi masa kiran sallah a kunnen dama, na yi masa huɗuba da Abubakar a hankali yadda ba wanda ya ji, don Baba duk unguwa Malam Garba ake ce masa amma sunansa na yanka Abubakar. Daga nan sai hidima, neman rago, goro, dabino, alawa, itacen wankan jego, 'yan barka suna ta shigowa, ni dai ban zauna ba.

Daren Asabar ne wata ƙanwar matata da ke karatu a jami'a ta tambaye ni, Yaya wai menene ma'anar Abubakar ɗin ne, za ta sa a sitika ɗin da za a manna a kayan rabo. Na buɗe baki zan ba ta amsa sai na ji babu komai a ciki. Shekara talatin da bakwai ina ɗauke da sunan nan a bayan nawa, yana kan duk wata takarda da na mallaka, amma wallahi ban taɓa tsayawa na tambaya ba. Na ɗauko waya na shiga Google, wani shafi ya ce mai gaskiya, wani a Facebook ya ce shugaba mai adalci, amma mafi yawa abu ɗaya suke maimaitawa, uban ɗan raƙumi. Jikina ya yi sanyi. Ba wai na raina raƙumi ba ne, kawai dai na sa rai zan ga wani abu mai nauyi irin na Abdurrahman ko Nuruddin, abin da za a rubuta a sitika mutum ya karanta ya ce masha Allah. Na ce mata ta bari tukuna.

Da asuba bayan an sallame na tsaya jiran Malam, aminin Baba ne tun suna makarantar allo, shi ya yi masa sallah ma. Na ce Allah gafarta Malam wata tambaya ce ta hana ni barci, na faɗa masa. Ya ce zauna ɗana, ai abin da ka gani gaskiya ne, bakru a Larabci shi ne saurayin raƙumi wanda ƙarfinsa ke tasowa, macen kuma bakra, Abu kuwa uba ne ko ma'abocin abu. Ya ce har a hadisin Muslim akwai inda Annabi (SAW) ya ranci bakru a wajen wani mutum, da aka tashi biya ba a samu irinsa ba sai wanda ya fi shi girma da kyau, ya ce a ba shi, don mafi alherin mutane shi ne wanda ya fi kyautata biyan bashi. Wato kalma ce ta yau da kullum a bakinsu, kuma a wajen Balaraben wancan lokacin raƙumi shi ne dukiya, shi ne abin hawa, da shi ake sadaki da shi ake biyan diyya, to wanda ke tasowa ɗin nan shi ne abin da ake sa wa ido.

Sai kuma ya faɗi abin da ya sa na gyara zama. Ya ce ka san ba Abubakar ne sunan Sayyidina Abubakar ba? Sunansa Abdullahi, mahaifinsa Usman wanda ake wa laƙabi da Abu Ƙuhafa, mahaifiyarsa Salma ana ce mata Ummul Khairi, daga gidan Banu Taimi na Ƙuraishawa. Abubakar ɗin alkunya ce. Kuma ba shi da wani ɗa mai suna Bakru balle a ce daga nan ne, 'ya'yansa shida ne, Abdullahi da Abdurrahman da Muhammadu, sai Asma'u da Nana A'isha da Ummu Kulsum. Larabawa suna yin irin wannan, Abu Huraira ai 'yar kyanwa ce ta jawo masa, Sayyidina Ali kuma Annabi da kansa ya kira shi Abu Turab da ya same shi kwance a masallaci ƙasa ta ɓata masa jiki, kuma ya fi son wannan sunan a kan duk wani suna da ake kiransa da shi. Ya ƙara da cewa tushen kalmar, ba da kaf da ra, yana tafiya ne da sammako da zama na farko, shi ne bukratan da muke karantawa a bukratan wa asila, shi ya sa wasu malamai suka ce an yi masa alkunyar ne saboda rigegeniya da yake yi wajen alheri, kuma kowa ya san shi ne farkon wanda ya ba da gaskiya a cikin manyan maza 'ya'ya.

Ni abin da ya tsaya min a rai kalmar alkunya ce, don a daidai lokacin rigimar da ake yi a gidanmu ke nan. Inna ba za ta taɓa iya kiran sunan yaron nan ba, sunan mijinta ne, shekara arba'in da wani abu suna tare ban taɓa jin ta furta shi ba, ko wani Garban daban za ta ambata sai ta ce mai sunan Malam. Ni kaina ba ta kiran sunana tunda ni ne na fari, Babba take ce min. Matata ita ma ba dama, sunan surukinta ne. To ga yaro an haifa, mata biyun da suka fi kowa kusa da shi babu mai iya faɗin sunansa, dole a nemo alkunya, sai ga Malam yana gaya min wai sunan da muke nema wa alkunya shi kansa alkunya ne, kuma kalmar ma daga Larabcin muka aro ta, al-kunya. Su suna yi ne don girmama mutum kar a kira shi gatsal, mu ma in ka duba girmamawar ce, hanya ce dai ta ɗan bambanta.

Kafin na tashi ya ce tunda raƙumin ne ya dame ka bari na ba ka labarin raƙuma. Lokacin da aka fara hijira Sayyidina Abubakar ya so tafiya Madina, Annabi ya ce ya dakata, sai ya ware taguwa biyu ya yi wata huɗu yana kiwata su da ganyen itace yana jira, bai san ranar ba. Da izini ya zo a shekarar 622 ya kawo ɗaya ya ce ya Rasulallahi ɗauki, Annabi ya ce sai dai da kuɗinta. Suka yi kwana uku a kogon Sauru, ɗansa Abdullahi yana kawo musu labarin Makka da dare, Amiru ɗan Fuhaira yana biyo sawu da tumaki suna shan nono, Asma'u ta raba ɗamararta biyu ta ɗaure guzuri, gida guda kaf sun shiga aikin. Shi ne wanda Alƙur'ani ya kira na biyun mutum biyu a Suratut Tauba aya ta 40. Na san labarin nan tun ina Islamiyya amma ban taɓa jin sa ya shige ni irin na wannan asubar ba, wata huɗu mutum yana ba dabba abinci saboda tafiyar da ba a sa mata rana ba. Sai na tuna Baba, yadda tun watan Rajab yake fara ware buhun gero na sadakar azumi ya ɗora a kan dutse a zaure kar sanyi ya taɓa shi, mu muna yara muna ganin kamar ya cika gaggawa.

Da na koma gida na ɗan ƙara bincike da kaina, yanzu da na san abin da nake nema. Halifancinsa gajere ne ƙwarai, daga 632 zuwa 634, shekara biyu da 'yan watanni, amma a ciki aka yi yaƙin ridda, a ciki aka sa Zaidu ɗan Sabitu ya tattara Alƙur'ani wuri guda bayan mahaddata da yawa sun yi shahada a Yamama. Ya rasu yana da shekara 63, an binne shi a gefen Annabi a ɗakin 'yarsa A'isha. Shi ya sayi Bilal ya 'yanta. Na kuma gane ashe rabin mutanen da na sani suna ɗaya suke amsawa ban lura ba, Garba da Habu da Abu a wajenmu, Buba a wajen Fulani, Bukar a Barno, 'yan uwanmu na Maraɗi kuma a takardunsu na Faransanci Aboubacar ko Boubacar ake rubuta musu. Atiku ma laƙabinsa ne, shi ya sa za ka ji Sarkin Musulmi Abubakar Atiku ɗan Shehu Usmanu wanda ya gaji Muhammadu Bello a 1837, ga kuma Sarkin Musulmi Siddiku Abubakar na uku da ya yi shekara 50 cur a kan gado daga 1938 zuwa 1988, ga Abubakar Tafawa Ɓalewa. Kamar dai yadda muke cewa Umaru Sanda, Aliyu Garga, Yusufu Maitama, Ibrahim Cigari, kowane suna da rakiyarsa.

Maganar alkunya kuwa sai da aka kai ruwa rana. Gwaggo ta ce Abba, aka ce akwai Abba biyu a gidan, in an kira ɗaya uku za su amsa. Ƙannen matata suka kawo wasu sunaye na yayi masu daɗi a kunne, na tambaye su ma'ana ɗaya bayan ɗaya babu wadda ta iya faɗa, kuma ban yi musu faɗa ba don ni ma kwana biyu da suka wuce haka nake. Amma gaskiya abin nan yana damuna, yaro ya tashi da sunan da aka tsinto a waya, ba a san yaren ba balle ma'anar, alhali Annabi da kansa yana canza wa mutane suna in ma'anar ba ta yi ba, wata Asiya (ba irin sunan matar Fir'auna ba, wannan mai saɓo yake nufi) ya mayar da ita Jamila. Ƙanena ya ce Khalifa, kuma ya dace ta fuska biyu, ga magajin kakansa ga kuma Sayyidina Abubakar da ake kira Halifan Manzon Allah. Matata ta ce ita Sadik take so. Na sake komawa wajen Malam, ya ce Sadik ba laifi, mai gaskiya ke nan, amma laƙabin da aka ba shi Siddiku ne, mai yawan gaskatawa, wanda ya samu lokacin da mutanen Makka suka zo suna yi wa labarin Isra'i dariya shi kuwa ya ce in dai shi ya faɗa to gaskiya ne. A nan na gane shafin da ya ce min Abubakar na nufin mai gaskiya ma'anar laƙabin ya ɗauko ya jingina wa sunan. Muka tsaya a kan Siddiku.

Wani abu da na yi taka-tsantsan da shi, kuma ina roƙon duk wanda zai yi suna ya kula, shi ne takarda. Bayan rasuwar Baba mun sha wahalar da ba zan manta ba wajen fitar da ɗan abin da ya bari a banki, katinsa ɗaya Garba, takardar aiki Abubakar, wata kuma an haɗa biyun kamar sunan uba da ɗa, muna ta bayani cewa mutum ɗaya ne ana cewa kwamfuta ba ta san haka ba, sai da muka je kotu aka yi takardar rantsuwa aka buga a jarida, wata biyar muna zirga-zirga, tun Inna tana cikin takaba take jiran kuɗin cefane. Saboda haka da na je yi wa yaron takardar haihuwa na rubuta sunan da hannuna a 'yar takarda na miƙa, Abubakar, harafi takwas, na tsaya a kan mai bugawa har ya gama na karanta sau biyu. Siddiku na gida ne, bai shiga ko'ina ba, katin rigakafi ma na hana a sa.

Ranar Laraba da sassafe aka taru a ƙofar gida, aka shimfiɗa tabarmi, aka raba goro da dabino, Baffa ya raɗa wa liman, aka yanka rago, maroƙi ya ɗaga murya ya ce yaro ya ci sunan Abubakar, Allah ya raya. Na ga tsofaffin abokan Baba sun sunkuyar da kai, ɗaya yana goge ido da bakin rawani. Wanzami ya zo ya yi aski. A sitika kuwa abin da muka rubuta a ƙarshe shi ne Abubakar Siddiku, abokin kogo.

Da yamma gida ya cika da mata na leƙa ɗakin Inna don na gaishe ta, na tarar an kawo mata shi tana riƙe da shi a cinya, kansa fes an shafa masa mai. Na ce Inna an tsaya a kan Siddiku fa. Ba ta ko ɗago ba ta ce Babba, ku dai ku kira abinku, ni Maigida zan ce masa. Ta gyara masa hula ta ce sannu da zuwa Maigida, ka daɗe a hanya.