Tarihin Rayuwata, kashi na 7: Hajiya da kamarar kafe

Jama'a barkanmu da war haka. Makon jiya na tsaya ne inda yayana ya samo min aiki a wani kafe na intanet a Zoo Road nan Kano, to 2003 ke nan fa, GSM ma bai wuce shekara biyu da shigowa ba. Kwamfuta goma muke da su amma kamara ɗaya tal, wata 'yar kewayayya kamar ƙwan kaza an naɗe ta da salatif a saman monita, kuma sai ka ƙara kuɗi oga zai bar ka ka hau kujerar.

A wajen 'yan burawzin dare na fara jin labarin JenniCam, shafin intanet na wata ɗaliba a Amurka da tun 1996 ta kafa kamara a ɗakinta, da farko duk minti uku hoto ke canzawa, wai mutane su yi ta kallo ko da ba kowa a ɗakin sai gado. Na ce wannan ai tonon asirin kai ne da kai. Ƙarshen shekarar 2003 ɗin ma ta rufe abinta.

Sai wata safiya ga wata Hajiya da jikarta, ɗanta na karatu a Malesiya, can sun riga mu da awa bakwai shi ya sa ta yi sammako. Na buɗe Yahoo Messenger, manhajar hira ta wancan lokacin, na danna masa buzz don jan hankalinsa, hoto ya fara zuwa yana tsayawa yana tafiya, bakinsa a buɗe ya daskare kusan minti guda. Makirfo ba ya yi don haka ni ne mai rubutawa. Ɗan fari ne, ko sunansa ba ta kamawa, ta ja mayafi ta kau da kai wai ita ba ta kallo amma wallahi ta gefen ido take leƙe, can ta kasa daurewa ta ce "ɗan nan, ce masa ya rame, ba ya cin abinci ne?" Na ce Hajiya kamarar ce haka take nuna kowa. Ta miƙa hannu za ta shafa gilashin ke nan aka ɗauke wuta.

Kafin in tada janareta ya sauka. Abin da oga ya ce kan kuɗin tikitinta sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.