Kakar Mekziko

Yau ƙanina ya turo min wani yanki na tsohon fim ɗin Mekziko, Los tres García na 1947. Ga 'yar fim Sara García, ƙatuwar sigari a baki, sanda a hannu, tana jibgar jikokinta uku, ƙarti majiya ƙarfi, har da shahararren ɗan fim kuma mawaƙi Pedro Infante. Duka take, amma ƙauna fal a idonta. Wallahi sai da na tuna tsawar kakata.

A zahiri, 'yar Sara García tilo ta rasu a 1940, amma Sara ta ci gaba da fitowa uwa da kaka a fina-finai shekara da shekaru, har ƙasar kaf ta koma kiranta kaka. Ina jin ba ƙaramin dauriya ta yi ba wajen amsa sunan nan.