Asabar a Panthéon

Ruwan sama ya hana mu yawon bakin kogin Seine a Paris, sai Yaya ta ce mu fake a Panthéon, tunda ga shi nan dab da jami'arsu. Don coci aka gina shi, amma a 1791 masu juyin juya hali suka mayar da shi makwancin manyan Faransa.

Kaburburan suna can ƙasa, wurin sanyi ƙalau. Da shigarka za ka tarar da marubutan nan Voltaire da Rousseau suna fuskantar juna, mutanen da ba sa ga maciji da ransu, kuma dukansu a 1778 suka mutu. Victor Hugo da Zola da Dumas kuwa ɗaki guda aka haɗa su. Yaya, da yake sinadarai take karanta, ta kafe a gaban Marie Curie mai Nobel biyu, na 1903 da na 1911. "Ƙanwata, duba shekarar da aka kawo ta," in ji ta. 1995 ce. Sama da shekara 200 gidan yana tsaye kafin wata mace ta shiga da guminta.

Ni inda na daɗe shi ne wurin Félix Éboué. Baƙar fata ne ɗan Guyane, yankin Faransa a Kudancin Amurka, gwamnan Chadi. A watan Agustan 1940, Jamus ta riga ta mamaye Paris, yawancin gwamnonin mulkin mallaka sun bi gwamnatin Vichy mai haɗa kai da Jamus, shi kuwa daga Fort-Lamy, Njamena ta yau, ya ce yana bayan Janar de Gaulle, jagoran Faransawan da suka ƙi miƙa wuya. Daga Chadin nan dakarun Leclerc, kwamandan de Gaulle, suka ratsa Sahara suka ci Kufra ta Libiya a 1941. Ya rasu a Alƙahira a 1944, aka kawo gawarsa nan a 1949, rana ɗaya da ta Victor Schoelcher, jagoran soke bauta a ƙasashen da Faransa ke mulka a 1848.

Zuciyata ta rabu biyu. Jarumi ne, ba musu, amma gwamnan mulkin mallaka ne dai, kuma sojojin Afirka da suka sha ƙishin hamadar ban ga kabarin ko ɗayansu ba. Na faɗa wa Yaya, ta ce yanzu shugaban ƙasa ke zaɓen mai shiga, to me nake tsammani?

Mun fito yunwa na cinmu. Gobe zan kira Kawu a Njamena, ɗansa a makarantar Félix Éboué yake, ina son jin abin da ake koya musu a kansa.