Babbar ganga ba ta ƙato ba ce

Duk shekara in sababbin ɗalibai suka shigo, layin masu son shiga badujalar makaranta sai ya fi na kowane kulob tsawo, kuma in ka ce musu me kuke so ku riƙe, rabi sanda suke so su tsaya a gaba suna juya ta suna cillawa sama, sauran kuma ƙaramar ganga don ita ce ke burge 'yan kallo. Ba mai cewa a ba shi babbar ganga, alhali ita ke riƙe da faretin gaba ɗaya.

A maci na sauri ana yin taku wajen 120 a minti ɗaya, kuma da bugun babbar ganga kowa ke saita ƙafarsa ta hagu, har 'yan can ƙarshen layi da ba sa ganin mai sanda. Mai ita ya ƙara sauri kaɗan kawai, shikenan, sai ka ga lef-rai ya koma tsalle-tsalle. Amma malamai da yawa abin da suke yi shi ne su duba yaron da ya fi kowa jiki su rataya mishi, wai shi zai iya ɗauka. Toh ɗauka daban, kunne daban. Ni tafi nake sa su, mu fara tare sai in janye hannuna in bar su su ci gaba, yawancinsu nan da nan suke fara gudu ba su ma sani ba, wanda ya tsaya daram kan bugun shi ne nawa ko da siriri ne, a gyara mishi maɗauri kawai.

Bigila kuma, ƙahon ƙarfen nan da ake busawa, sai haƙuri. Ba ta da maɓalli ko ɗaya, sauti wajen biyar take bayarwa kuma duk da leɓe da numfashi ake fitar da su, farkon farawa leɓe zai yi tsami abin da ke fitowa kamar kukan akuya, dan Allah kar a kori yaro a wannan lokacin.

Farantan ƙarfen nan da ake gwarawa, su ake ba wanda aka rasa inda za a kai shi, gaskiya ban yarda da haka ba, in ya buga ba a kan lokaci ba har bakin get ana ji.

Sanda kuwa sabo ba ya taɓa ta a wajena, ko babansa ya zo roƙo, kuma suna zuwa fa. Da ita ake ba da umarnin tashi da tsayawa, sai wanda ya daɗe a ganga ya san inda kiɗa ke yankewa. Ranar 27 ga Mayu ko 1 ga Oktoba kuma sababbi tsakiyar sahu nake cusa su, tsofaffi dama da hagu, wanda ƙafa ta kuɓuce mishi ya saci kallon na gefensa ya gyara kafin a iso gaban manyan baƙi.