Da Titanic nake gwada hannun yaro

Sana'ata tace bidiyo ce: biki, walima, tallan 'yan kasuwa. Amma duk yaron da aka kawo mini koyon aiki, Titanic nake fara ajiye masa a gaba.

Fim ɗin da James Cameron ya fitar a 1997 minti 194 ne, alhali abin da ya ɗauka ya fi haka. A 2005 aka fito da faifan DVD ɗauke da sin 29 da aka yanke, sai masoyan fim ɗin suka dinga mayar da su gurbinsu. Ni ma na yi nawa ina yaron shago, da tsohuwar kwamfutar maigidana, bayan kowa ya tashi, ina ta fargabar a ɗauke wuta.

Akwai wurin da Lovejoy, mai yi wa attajiri Cal hidima, yake bayyana da jini a ka lokacin da jirgin zai rabe biyu, ba a faɗi abin da ya same shi ba. Dambensa da Jack, jarumin fim ɗin, a ɗakin cin abinci da ruwa ya shiga, shi aka cire. Haka aka cire wurin da jirgin Californian ya aiko gargaɗin ƙanƙara daren 14 ga Afrilu 1912, ma'aikacin sadarwar Titanic ya gwale shi.

Mayar da su ne aikin. Launinsu bai zo ɗaya da na fim ɗin ba, sai na bi fuska-fuska ina gyarawa. Faifan da na samu hoto 25 yake gudu a daƙiƙa, fim kuwa 24, murya ta ɗan siranta. Kwana uku ina neman abin da ke damun kunnena. Kiɗa ya fi komai taurin kai. Ka datse shi a tsakiya, ko kakata ta ji gaɓar.

Shi ya sa nake jin haushin masu harhaɗa bidiyo a waya, su karɓi rabin kuɗi, hoto ya yi tsalle, sauti ya riga baki. Sai uban amarya ya zo yana cewa, "Malam, ai mannawa ce kawai, a rage mana." Nakan ja masa kujera, in kunna masa damben nan, in ce ya nuna mini inda na manna.

Kwafin dai ba na sayarwa ba ne, fim ɗin da masu shi.