Kalmar "irregardless" da abin da take koya wa mai gyaran rubutun Turanci

Duk wanda ya daɗe yana gyara rubutun Turanci, ko yana fassara daga Turanci zuwa Hausa, wata rana sai ya ci karo da "irregardless". Ba ta da yawa a rubuce. An fi jin ta a bakin Amurkawa, a hirar rediyo ko a cikin fim, daga nan take zamewa ta shiga rubutun ɗalibai da ma'aikatan ofis. Da ta bayyana kuma sai gardama: wannan ya rantse babu irin wannan kalma a Turanci, wancan ya buɗe ƙamus a wayarsa ya ce ga ta nan. Kowannensu ya kama gaskiya ta gefe guda. Abin da aikin yake koyarwa shi ne tambayoyi uku ne ake cakuɗawa wuri ɗaya: akwai kalmar, me take nufi, kuma ta dace da wannan takarda da ke gabanka? Amsar ta farko ba ta yanke hukuncin ta uku.

Akwai ta, kuma ba jiya aka haife ta ba. Ƙamus ɗin Merriam-Webster ya nuna an fara ganin ta a rubuce a 1795, a cikin wata waƙa da aka buga a wata jaridar birnin Charleston, jihar Carolina ta Kudu. Ta bazu a maganar yau da kullum ta Amurkawa a farkon ƙarni na 20, har masu sharhi kan amfani da harshe suka soma kokawa da ita tun 1927. Babban ƙamus ɗin Webster na 1934, wanda kamfanin Merriam-Webster ɗin ya buga, ya saka ta, amma ya rubuta a gefenta cewa kuskure ce ko ta barkwanci, kuma ta Amurka ce. Bugun 1961, wanda Philip Gove ya jagoranta, ya sauya mata lakabi zuwa "nonstandard", wato ba ta cikin daidaitaccen Turanci, kuma da wannan lakabin take har yau. Saboda haka hayaniyar da aka yi a Twitter a watan Yulin 2020, cewa wai Merriam-Webster ta "amince" da kalmar, ihu ne bayan hari. Kalmar ta shekara 86 a cikin ƙamus ɗinsu kafin ranar.

Ma'anarta kuwa ɗaya ce tak: abin da "regardless" take nufi, wato ba tare da la'akari da wani abu ba. A nan ne masu son lissafi suke ɓata. Suna tsinka kalmar gida uku: ɗafa-goshin "ir-", tushen "regard" mai nufin kula ko la'akari, da ɗafa-ƙeyar "-less" mai nufin rashi. Shi "ir-" ɗin nan "in-" ne na korewa, wanda yake sauya kama gwargwadon baƙin da ya biyo bayansa: ya zama "ir-" a gaban r kamar a "irregular" da "irresponsible", ya zama "il-" a gaban l kamar a "illegal", ya zama "im-" a gaban m, p ko b kamar a "impossible". To tunda korewa biyu ce a kalma ɗaya, in ji su, ɗaya ta cinye ɗaya, ma'ana ta juye ta koma "tare da la'akari". Lissafin ya yi kyau a allo, amma babu mai magana da Turanci da yake amfani da kalmar a haka. Ma'anar kalma a bakin masu faɗinta take, ba a jimlar guntayenta ba. Bahaushe bai kamata wannan ya ba shi mamaki ba, shi da yake cewa "ban ga kowa ba" da "ba" a farko da "ba" a ƙarshe, kuma bai taɓa jin cewa na biyun ya soke na farkon ba.

Bayanin da masana suka fi karkata gare shi game da asalinta shi ne haɗe-haɗen kalmomi biyu masu ma'ana guda: "irrespective" da "regardless". Mai magana ya ɗauko kan waccan ya liƙa wa jikin wannan. Turanci yana da irin waɗannan da dama waɗanda ba wanda ya ɗaga musu gira: "unloosen" daidai take da "loosen", "unravel" tana iya zama daidai da "ravel", "debone" da "bone" duk cire ƙashi ne daga nama. A ƙarni na 16 da na 17 ma an rubuta irin su "unboundless" da "undauntless". Ba rashin tsari ne ya jawo wa "irregardless" baƙin jini ba. Tsawon shekaru malaman makaranta da editoci sun mayar da ita alamar gane wanda bai yi karatu mai zurfi ba, kuma tambarin ya manne.

Wannan ne ya kawo mu ga karanta ƙamus, inda mafi yawan kuskuren yake faruwa. Mutum ya buga kalma a waya, ya ga ta fito da ma'ana, ya rufe. Ƙamus na zamani ma'aikacin ƙidaya ne: yana rubuta sunan duk wanda ya tarar a gida, amma hakan ba shaidar kyawun hali ba ce. Shaidar tana cikin ɗan ƙaramin lakabin da ake sakawa tsakanin kalma da ma'anarta, galibi da rubutun tsutsa, wanda ido yake tsallakewa. Kuma lakubban ba ɗaya ba ne. "Informal" na nufin kalmar daidai ce, sai dai ta hira ce, ba ta takardar hukuma ba. "Slang" sara ce ta wani rukunin mutane. "Dialect" ta wani yanki ce. "Archaic" tsohuwa ce da ake gani jefi-jefi, "obsolete" kuwa an daina amfani da ita. "Nonstandard" ta fi su nauyi ga marubuci: tana nufin mutane da yawa suna faɗa, amma masu karatu da yawa za su ɗauke ta kuskure. A ƙasan ma'anar kuma akwai sharhi, kuma na Merriam-Webster a kan wannan kalma ya ƙare ne da shawara a fili cewa a yi amfani da "regardless" a maimakonta. Wanda ya kafa hujja da ƙamus ɗin bai karanta har ƙasa ba.

Haka nan jan layin da kwamfuta take ja a ƙarƙashin kalma. Mai duba haruffa yana gwada abin da ka rubuta ne da jerin kalmomin da aka ɗora masa. Idan kalmar tana cikin jerin, zai bar ta ta wuce. Rashin jan layi yana nufin ka jera haruffan daidai, shi ke nan.

Idan ana son sanin yawan amfani da kalma irin wannan, akwai kayan aiki na kyauta ko masu sauƙin samu. Google Books Ngram Viewer, wanda aka buɗe a 2010, yana nuna hawa da saukar kalma a cikin littattafai. A rubuta "regardless,irregardless" da waƙafi a tsakani, a zaɓi Turancin Amurka, a sake gwadawa da na Birtaniya. Layin "irregardless" zai kwanta a ƙasa kamar babu shi, don haka sai an cire ɗayar an dube ta ita kaɗai kafin a ga motsinta. A kuma kunna zaɓin da ke haɗa manyan baƙaƙe da ƙanana, domin kalmar tana yawan zuwa a farkon jimla da babban I, kuma idan ba a kunna ba waɗannan ba za su shiga lissafi ba. Akwai kuma COCA, rumbun Turancin Amurka na zamani da Mark Davies ya gina, mai kalmomi wajen biliyan ɗaya, wanda yake raba sakamako zuwa magana, almara, mujallu, jaridu, rubutun ilimi da sauransu. Ɗan'uwansa GloWbE ya tattaro rubutun intanet daga ƙasashe 20, har da Najeriya da Ghana.

Tarkon da ke cikin waɗannan rumbuna shi ne adadi. Kaso mai tsoka na wuraren da "irregardless" ta bayyana a rubuce ba amfani da ita ake yi ba, zancenta ake yi: littafin nahawu yana gargaɗi, marubuci yana yi wa wani ba'a, ɗan jarida yana ba da labarin gardamar. Injin ba ya bambance wanda ya yi amfani da kalma da wanda ya ambace ta. Dole a buɗe jimlolin a karanta da ido, aƙalla hamsin a jere, ana ware su kashi uku: amfani na gaske, ambato, da maganar da marubucin almara ya saka a bakin wani ɗan wasa da gangan. Bayan wannan tacewa adadin farko yakan ragu sosai.

Wajen gyara, maye gurbin yana da sauƙi amma akwai inda ake tuntuɓe. "Regardless" tana aiki iri biyu. Tana zuwa da "of" kafin suna: "The match will go on regardless of the rain", za a buga wasan ko da ana ruwa. Tana kuma tsayawa ita kaɗai a ƙarshen jimla ko farkonta: "They warned him, but he went regardless", an gargaɗe shi amma duk da haka ya tafi. "Irregardless" tana shiga duka gurabun biyu. "Irrespective" kuwa, a rubutu na tsanaki, tana son "of" a bayanta. Editan da ya ga "ir-" ya yi saurin sauya kalmar da "irrespective" a jimla ta biyu ya gyara ɓaraka ɗaya ya buɗe wata. Mafi aminci a goge haruffa biyun farko kawai. A kuma duba abin da ya biyo baya, don mai rubuta "irregardless" sau da yawa shi ne mai rubuta "regardless to" ko "regardless that". Daidai shi ne "regardless of", ko "regardless of whether" idan jimla ce cikakkiya take biye.

Inda ba a taɓa ta shi ne cikin maganar wani da aka ɗauko kai tsaye tsakanin alamun zance. Idan mai magana ya ce "irregardless", haka za a bar ta, ko a fitar da maganar daga alamun zance a faɗe ta da kalmomin mai rahoto. Liƙa mata "sic", alamar da ke nuna haka mai maganar ya faɗe ta, halas ne, amma mai karatu yakan ji kamar ana nuna mutumin da yatsa, don haka sai da dalili.

Mai fassara zuwa Hausa yana da nasa aikin. A takardar hukuma, "ba tare da la'akari da" ta wadatar, kodayake sau da yawa Hausa tana da hanya mafi gajarta: "irregardless of age" a sanarwar rigakafi "babba da yaro" ne, "irregardless of cost" kuwa "ko nawa ne". A hira abin ya ɗan bambanta. Kory Stamper, wadda ta yi shekaru tana aikin rubuta ƙamus a Merriam-Webster, ta yi bayanin cewa a wasu kare-karen Turancin Amurka kalmar tana ɗauke da ƙarfi fiye da "regardless", ana jefa ta ne don a rufe gardama. Uwa ta ce wa ɗanta "Irregardless, you're not going", ba nazarin dalilai take yi ba. Fassarar da ta kama wannan ita ce "ko ma dai mene ne, ba inda za ka", ba doguwar "ba tare da la'akari" ba. Kuskuren da ba a yafewa shi ne bin lissafin korewa biyu a fassara ta da "bisa la'akari da", don wannan ya juya saƙon gaba ɗaya.

Ga malamin da ke shirya ɗalibai don WAEC, NECO ko IELTS, cewa "babu wannan kalma" dabara ce mai gajeren rai, domin ɗalibi zai duba waya kafin a tashi daga aji. Gara a gaya masa yadda abin yake: akwai ta, ma'anarta kaza, mai duba jarrabawa yana auna daidaitaccen Turanci ne, kuma haruffa biyun nan ba su ƙara komai a ma'ana ba.

Duk da surutun da ake yi a kanta, illar "irregardless" ba ta wuce zubar da ƙimar marubuci ba. Da wuya a samu mai jin Turanci da zai fahimci saƙon a juye. Kalmomin da suka fi cancantar jan biron edita su ne waɗanda suke da cikakkiyar shaidar zama daidai amma ake karanta su iri biyu. "Inflammable" tana nufin abu mai saurin kamawa da wuta, domin "in-" ɗinta ba na korewa ba ne, daga Latin "inflammare" ta fito. Amma da yake mutane suna ɗaukar ta a matsayin "ba ya kamawa", masu rubuta gargaɗi a jikin tankar mai da gwangwanin sinadari sun fi zaɓar "flammable". Sai "severally", wadda a Turancin Najeriya take nufin sau da yawa, ma'anar da ƙamus ɗin Oxford ya shigar a Janairun 2020 cikin kalmomi da ma'anoni 29 na Najeriya. A takardar lauya ma'anarta daban: kowa a kan kansa. Idan mutum uku suka sa hannu a yarjejeniyar bashin naira miliyan 3 mai ɗauke da "jointly and severally liable", mai bin bashi yana da ikon kama mutum ɗaya daga cikinsu ya nemi miliyan ukun duka a hannunsa, shi kuma ya je ya nemi kason sauran biyun da kansa.